Hubble da James Webb: Kowanne da Hasken da Yake Gani

Tun da hotunan farko na James Webb suka fito a watan Yulin 2022, mutane da yawa suka ɗauka Hubble ya gama yayi. Ba haka ba ne, domin na'urorin hangen nesan nan biyu ba haske iri ɗaya suke kamawa ba.

An harba Hubble a 1990, yana kuma kewaya duniya a nisan kimanin kilomita 500. Faɗin madubinsa mita 2.4 ne. Galibin aikinsa da hasken da idon mutum ke gani ne, sai kuma hasken altrabayolet, wanda iskar da ta lulluɓe duniya ke tare mafi yawansa. Kusancinsa da duniya ne ya cece shi: da aka gano an yi kuskure wajen goge madubinsa, 'yan sama-jannati sun je sun gyara matsalar a 1993. Sau biyar aka kai masa irin wannan ziyara, ta ƙarshe a 2009.

Webb kuwa, wanda hukumar NASA ta Amurka ta haɗa kai da takwarorinta na Turai da Kanada wajen ƙerawa, ya tashi ranar 25 ga Disamba, 2021. Madubinsa mita 6.5 ne, an haɗa shi da ɓangarori 18 masu rufin zinare, yana tara haske kusan ninki shida na Hubble. Hasken zafi yake nema, wanda ido ba ya gani. Shi ya sa dole ya zauna cikin tsananin sanyi, kilomita miliyan 1.5 daga duniya, a bayan laima mai shimfiɗa biyar da ke kare shi daga rana. In ya lalace a can, babu mai iya zuwa gyara a halin yanzu.

Me ya sa aka sha wannan wahala? Sararin samaniya yana ta buɗewa, don haka hasken gungun taurari mafi nisa yakan miƙe a kan hanya, kafin ya iso ya koma hasken zafi. Hubble ba ya iya binsa har can, Webb yana iyawa. Ya hango gungun taurarin da suka wanzu kimanin shekara miliyan 300 kacal bayan farkon sararin samaniya. Haka nan hasken zafi yana ratsa ƙurar da ke ɓoye sababbin taurari.

Amma Webb ba ya ganin altrabayolet sam, alhali taurari masu tsananin zafi a nan suka fi haskakawa. Masanin da ke son nazarinsu, har yau layin Hubble yake bi.