Basil Davidson: Ɗan Jarida Kuma Masanin Tarihin Afirka

Gabatarwa

Har zuwa tsakiyar ƙarni na 20, da yawa daga cikin malaman Turai suna koyar da cewa Afirka ba ta da wani tarihi kafin zuwan Turawa. A shekarar 1963 ma, wani shehun malami na Jami'ar Oxford, Hugh Trevor-Roper, ya maimaita wannan da'awa a bainar jama'a. Daga cikin waɗanda suka rushe ta da hujjoji akwai Basil Davidson, Baturen Ingila wanda bai taɓa yin karatun digiri ba.

Taƙaitaccen Tarihinsa

An haifi Davidson a birnin Bristol a shekarar 1914. Ya bar makaranta yana ɗan shekara 16, daga bisani ya shiga aikin jarida. A lokacin Yaƙin Duniya na Biyu ya yi aikin soja, inda ya kasance tare da mayaƙan sunƙuru na Yugoslabiya da Italiya masu yaƙar sojojin Jamus. Bayan yaƙi ya zama wakilin jaridar The Times a Faris. Ziyarar da ya kai Afirka ta Kudu a farkon shekarun 1950 ita ce ta karkato da hankalinsa ga nahiyar, kuma rubuce-rubucensa a kan wariyar launin fata suka sa gwamnatin ƙasar ta haramta masa shiga. Ya rasu a shekarar 2010 yana da shekara 95.

Ayyukansa

Davidson ya wallafa littattafai fiye da 30. A cikin Old Africa Rediscovered na shekarar 1959 ya tattara hujjoji daga tushe uku. Na farko, kayan tarihi da aka tono ko aka tarar a kufai, irin su gine-ginen Marawi a Sudan, da ganuwar duwatsu ta Zimbabuwe, da gumakan Nok. Na biyu, rubuce-rubucen matafiya da malamai cikin Larabci, kamar na Ibn Batuta. Na uku, tarihin baka da al'umma ke riƙe da shi. A shekarar 1965 ya fitar da littafin tarihin Afirka ta Yamma daga 1000 zuwa 1800, wanda makarantun sakandare suka daɗe suna amfani da shi, kuma ya ƙunshi bayanin daulolin Gana da Mali da Songhai da Borno da ƙasar Hausa. A shekarar 1984 ya gabatar da shirin talabijin mai kashi 8 a kan nahiyar. A littafinsa na 1992, The Black Man's Burden, ya nuna cewa tsarin ƙasa da Turawa suka gadar wa Afirka bai dace da hanyoyin mulkinta na asali ba.

Sai dai wasu masana sun soki lamirinsa da cewa ƙaunarsa ga ƙungiyoyin neman 'yanci, musamman ta Amilcar Cabral a Gini-Bisau, ta sa yakan sassauta musu wajen hukunci.

Kammalawa

Darasin da ɗalibi mai shirin zama malami zai ɗauka shi ne, ba a kare martabar al'umma da kirari kawai, sai da hujja. Malamin da zai koyar da tarihin Kano ko Katsina wajibi ne ya haɗa abin da aka rubuta da abin da dattawa suka faɗa da abin da ido ya gani, ya auna su, kafin ya tsaya gaban allo.