Ko Kun Sani? Yawan Kallon Talabijin Na Ƙara Tsoro

Ko kun san yawan zama gaban talabijin kan sa mutum ya ga duniya ta fi yadda take haɗari? George Gerbner, haifaffen Hangari, wanda ya koyar a Jami'ar Pennsylvania ta Amurka, shi ya bi diddigin abin. Daga 1968 shi da abokan aikinsa suka riƙa ƙirga duka da harbi da kisa a wasannin talabijin na dare, har da fina-finan zane na yara na safiyar Asabar.

A 1976 suka bayyana cewa masu kallon awa huɗu ko fiye kullum sun fi zaton za a far musu, sun fi kambama yawan 'yan sanda, kuma sun fi cewa mutane ba abin yarda ba ne. Abin da ya fi damuna, ba fim ɗaya ke haddasa wannan ba. Sannu a hankali yake taruwa, dare bayan dare, har dattijuwa ta sake duba sakatar ƙofa alhali unguwarta lafiya lau.

Sai dai a 1980 wani mai bincike, Paul Hirsch, ya yi jayayya da wannan sakamako, ya ce tasirin na raguwa idan aka lura da shekaru da ilimin masu kallon.