Gudummawar Ma'aikatan Ɗakin Karatu Wajen Zurfafa Ilimin Kwamfuta

Sanin kowa ne cewa jama'a da dama a yau sun iya kunna kwamfuta da aika saƙo ta WhatsApp. Sai dai wannan ba ya wadatar da mai hulɗa da hukumomi. Tun a shekarar 2015 hukumar JAMB ta mayar da jarrabawarta baki ɗaya kan kwamfuta, a 2021 kuma ta wajabta lambar shaidar ɗan ƙasa ta NIN kafin rajista. Haka nan asusun bai wa ɗalibai rance na NELFUND, wanda ya fara karɓar buƙatu a 2024, ta intanet ake nemansa.

A nan ne ma'aikatan ɗakunan karatu masu sashen kwamfuta ke shigowa. Sukan nuna wa mutum yadda zai ɗauki hoton takardar shaidarsa, ya mayar da ita PDF, ya kuma rage nauyinta idan shafin hukuma ya ƙi karɓa. Mai neman aiki yakan koyi tsara takardar bayanin kansa, ɗan kasuwa kuma lissafin kaya da Excel.

Abin da ya fi muhimmanci shi ne, ma'aikacin ba ya karɓe aikin daga hannun mai shi. Yakan zauna a gefe, mutum ya danna da kansa, ko da za a ɗauki lokaci. Dalili kuwa a fili yake. Sau da yawa ɗalibi kan biya wani a shago ya buɗe masa imel, a sa lambar wayar da ba tasa ba, shi kuwa bai riƙe kalmar sirri ba. Ranar da aka turo saƙon gurbin karatu, ba shi da hanyar shiga. Wani kuma harafi ɗaya aka kuskure a sunansa, ya saɓa da na NIN, gyaran ya ci watanni.

Har ila yau, ana wayar da kan jama'a game da 'yan damfara: banki ba ya kiran mutum ya nemi lambar sirrin katinsa ko lambar tabbatarwa da aka turo masa ta waya.

Ana shawartar mai buƙata da ya je da wayarsa da ainihin takardunsa, ya kuma tabbatar ya fita daga imel ɗinsa kafin ya tashi daga kan kwamfutar.