Kafin ka damƙa wa igiya ranka

A watan Afrilu rijiyar gidan da muke haya a Samaru ta ja baya, maigidan ya kira mai yasa. Ina tsaye mutumin ya ɗaura igiyar guga a ƙugu, samari biyu suka riƙe masa. Bai kai rabi ba ta suɓuce musu. Allah Ya taƙaita, targaɗe kawai ya samu. Tun ranar nake bibiyar yadda masu sauka kwazazzabai da igiya suke yi, irin na Zion a jihar Utah ta Amurka, don ƙa'idojinsu sun shafe mu.

Na farko, ba hannu ke ɗaukar nauyin mutum ba, gogayya ce. Suna zura igiya ta wani ƙarfe mai siffar 8, gogar da take yi a jikinsa ita ke rage gudu, hannu ɗaya ya isa birki. Shi ya sa in ka naɗa igiya sau biyu a jikin bishiya za ka iya riƙe wanda ya fi ka nauyi.

Na biyu, maɗauri biyu suke yi, in ɗaya ya sake ɗaya ya riƙe. Sai su ƙulle ƙarshen igiyar, kada mutum ya zarce ta ƙare masa a hannu. Ƙugiyoyinsu kan jure nauyin kusan tan 2. Igiyar shanya ta kasuwar Sabon Gari fa ba wanda ya gwada ta, ga rana na cinta, ƙulli kuma yana rage mata ƙarfi.

Rijiya tana da nata tarkon: iska. A zura fitila tukuna, in ta mutu, kada kowa ya shiga. (Ban da masai, iskarsa na kama wuta.) Kada a tayar da injin fetur a ciki, hayaƙinsa kisa yake. In mutum ya sume a ƙasa, kar ka bi shi wai taimako, gawa biyu za a fitar. A jawo shi da igiyarsa, a kira 'yan kwana-kwana.

Mu da ke zuwa Dutsen Kufena shan iska bayan jarrabawa, don Allah a bar gangara da igiya saboda hoto. Iyayenmu difloma suka turo mu nema, ita suke jira mu kai musu da ƙafafunmu.