Tsaskiya da Ƙasar Bakin Dajin Rugu

Tsaskiya gari ne a ƙaramar hukumar Safana, a yammacin jihar Katsina, kuma ɗaya ce daga cikin mazaɓun ƙaramar hukumar, tare da irin su Runka da Zakka da Baure da Babban Duhu. Arewa da Safana akwai ƙasar Batsari, gabas akwai Dutsin-Ma da Kurfi, yamma kuwa dajin Rugu ne ya miƙe har cikin Zamfara. A ƙidayar 2006 Safana tana da mutum sama da 180,000, Batsari kuma sama da 200,000. A zamanin Turawa sunan Tsaskiya ya fi na Safana fitowa a takardun mulki, domin da shi ake kiran gundumar baki ɗaya. Yau hakimin ƙasar, Yariman Katsina, a Safana yake zaune, kamar yadda Sarkin Ruma yake zaune a Batsari, ba a tsohon garin Ruma ba.

Ƙasar jigawa ce da jangargari, ga duwatsu sun yi cirko-cirko nan da can, wasu falale shimfiɗe, wasu curi-curi kamar an ɗora su da hannu. Ƙoramunta suna cika da damina su ƙafe da rani, ruwansu yana gangarawa ta gulbin Bunsuru zuwa Rima. A gonaki ana barin kuka da tsamiya da ɗorawa da gawo, a saura kuma sabara da kalgo ne suka fi yawa. Duwatsun nan su suka fara jawo mutane. Gindin dutse yana riƙe ruwa bayan damina ta wuce, ƙasar da ke kewaye da shi tana da taki, kansa kuma mafaka ce ranar da mahara suka ɓullo. Dakta Yusufu Bala Usman, a littafinsa na tarihin Katsina da ya fito a 1981, ya nuna yadda tsofaffin garuruwan ƙasar Katsina da dama suka tsiro a irin waɗannan wurare, inda manomi da maharbi da maƙeri suka haɗu, kuma inda ake ganin iskoki suna zaune tun kafin Musulunci ya kafu. Fulani makiyaya sun daɗe da shigowa cikin mutanen ƙasar, suna kafa ruga a bakin gonaki, ana musayar nono da taki da hatsi.

Abin da mutane da yawa ba su lura da shi ba shi ne, wani babban yanki na abin da ake kira daji a yau ƙasa ce da aka taɓa nomawa. Yaƙe-yaƙen ƙarni na 19 ne suka kore mutanenta.

Bayan jihadin da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya fara a 1804, birnin Katsina ya faɗa hannun masu jihadi a 1807, Malam Ummarun Dallaje ya zama sarki. Gidan sarautar da aka kora ya koma arewa, daga baya ya kafu a Maraɗi, kuma bai taɓa fid da rai da komawa gida ba. A 1836 Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya ci Gobirawa da Maraɗawa a yaƙin Gawakuke, inda Sarkin Maraɗi Rauda ya rasa ransa. Magajinsa, Ɗanmari, ya juyo ta yammacin Katsina, garuruwa da yawa na ƙasar Ruma suka yi masa mubaya'a suka juya wa sarautar birni baya. Sarkin Katsina Siddiku, ɗan Ummarun Dallaje, ya murƙushe tawayen da hannu mai nauyi ƙwarai. Aka ƙone garuruwa, aka kama na kamawa, saura suka watse. Siddiku kansa bai daɗe ba, Sarkin Musulmi Aliyu Babba ya tuɓe shi a 1844, amma ɓarnar ta riga ta auku: gonaki suka koma saura, saura ta koma kurmi.

Akwai shaidar wanda ya gani da idonsa. A watan Maris na 1853 wani Bajamushe mai suna Barth, wanda ya yi tafiya da sunan Abdulkarim, ya tashi daga Katsina zuwa Sakkwato cikin ayarin Galadiman Sakkwato. Sun bi ta Kuraye da Kurfi suka sauka Zakka, wadda ya tarar gari ne mai ganuwa. Daga nan sai daji har zuwa Bunka da Zurmi. Ayarin ya ratsa shi cikin hanzari da fargaba, saboda labarin rundunar Gobirawa tana yawo, kuma a hanya ya wuce kufan garin da ya rubuta sunansa Rubo. Da wannan suna, dajin Rubu, tsofaffin littattafan Turawa suke kiran wurin.

Dajin ya zama hanyar mahara. Ta cikinsa dawakin Maraɗi suke sulalewa su faɗa wa kudancin Katsina, wani lokaci har ƙasar Kano da Zazzau, musamman a zamanin Sarkin Maraɗi Ɗanbaskore. Wanda ya zauna a bakin wannan daji dole ya zauna cikin ganuwa, da ƙofa da ake rufewa da magariba, da sarƙaƙiyar ƙaya a bayan gari. Noma ba ya nisa da ganuwa, manomi kuma yana fita da kwari da baka tare da fartanya. Irin wannan zama shi ya haifi mayaƙa kamar Ɗanwaire na Ruma, wanda har gobe sunansa yake bakin makaɗa da masu ba da labari.

Turawan Ingila sun karɓi Katsina a 1903, Faransawa kuma suka riƙe Maraɗi, sai hare-haren suka mutu. A zamanin Sarki Muhammadu Dikko, daga 1906 zuwa 1944, aka tsara gundumomi, aka tura hakimai su zauna cikin ƙasarsu suna tara haraji da jangali. Mutane suka fara fitowa daga ganuwa. Mai neman gona ya je wurin dagaci, a nuna masa daji, ya yi sassabe, ya kafa bukka. Baɗi ƙaninsa ya biyo shi, kafin a jima wurin ya zama unguwa, sau da yawa da sunan wanda ya fara sara. Shi ya sa a ƙasar ake samun ƙauyuka iri biyu: tsofaffi masu burbushin ganuwa, da sababbi waɗanda tarihinsu bai wuce kaka ko kakan kaka ba. Manomin da ke huɗa a sabon wuri yakan tono tsingaro ko dutsen niƙa, alamar cewa ba shi ne na farko ba.

Sauran dajin hukuma ta shata shi ta mai da shi gandun daji. A shekarun 1960, lokacin da gwamnatin Jihar Arewa ta yi dokar keɓe wuraren kiwo ta 1965, gandun Ruma da Kukar Jangarai yana cikin na farko-farko da aka gyara domin makiyaya, aka yi madatsun ruwa da wuraren duba lafiyar dabbobi, Runka ta zama cibiyar aikin. Da tafiya ta yi nisa kulawa ta ja baya, madatsu suka cike da yashi, gonaki suka ci burtali, masu sarar itace suka far wa dajin ta ko'ina.

Daga shekarun 2010 satar shanu ta rikiɗe ta zama fashin daji da garkuwa da mutane, Safana da Batsari suka shiga sahun ƙananan hukumomin da abin ya fi ci. Ƙananan unguwannin da aka kafa bayan 1903 su suka fara tashi, mutanensu suka kwarara zuwa Batsari da Safana da Dutsin-Ma da birnin Katsina, gonakin da ke nesa da gari kuma da yawa suka shafe shekaru ba a sa musu garma ba.