Cy Young, Majefin Da Hannunsa Bai Gaza Ba

Shi wasan besbol, wanda mutanen Amurka suka riƙa tamkar gadon kakanni, ginshiƙinsa mutum guda ne da yake tsayawa a tsakiyar fage yana jefa ƙwallo, alhali abokin hamayyarsa yana tsaye da kulki yana jiran ya doke ta. Idan majefi ya gwanance har mai kulki ya kuskure sau uku, to an fitar da mai kulkin ke nan. Daga cikin waɗanda suka mai da wannan jifa sana'a tun farkon al'amari, babu wanda tarihi ya kiyaye sunansa kamar Denton True Young, ɗan manoma, wanda aka haifa a ƙauyen Gilmore ta jihar Ohio a shekarar 1867.

An ruwaito cewa ranar da aka jarraba shi a garin Canton cikin 1890, jifansa ya farfasa katangar katako kamar guguwa ta bi ta kai, daga nan laƙabin Cy, gajarcen kalmar guguwa a Turanci, ya bi shi. Kafin shekarar ta ƙare kuwa ƙungiyar Cleveland ta ɗauke shi. Yayin da mahukunta suka ƙara nisan wurin jifa zuwa ƙafa 60 da inci 6 a 1893, abin da ya karya lagon majefa da dama, shi wasa 34 ya ci a shekarar.

Asirinsa, bisa haƙiƙa, bai tsaya ga ƙarfin dantse ba, domin ƙarfi aro ne, tsufa yakan karɓe shi. Mutum ne mai tattalin hannunsa, ba ya ɓarnar jifa wajen ɗumama jiki, kuma inda ya nufa nan ƙwallo take sauka. Idan sanyi ya shigo aka ɗaga wasa, sai ya koma gona ya kama faskare. Da wannan tsari ya koma Boston a 1901, ya yi jifan farko a gasar World Series ta farko a 1903, sa'an nan ranar 5 ga Mayu, 1904, ya fuskanci 'yan Philadelphia, ya fitar da masu kulki 27 bi da bi, ba wanda ya taka ko zango na farko da mai kulki yake rugawa gare shi bayan ya doke ƙwallo.

Sa'ad da ya yi wasansa na ƙarshe a 1911, yana da shekara 44, ya ci wasa 511, ya kuma kammala wasa 749 shi kaɗai ba tare da an canje shi ba. Ya rasu a 1955, shekara ta zagayo aka kafa lambar girma da sunansa domin gwanin majefa. Da yake a yanzu akan hutar da majefi da zarar ya kai kimanin jifa ɗari, saboda gudun lahani, da wuya wani ya sake kusantar waɗannan alƙaluma.