Masu Kwaikwayon Kujerar Hira: Tarihin Barkwancin da Ke Tsokanar Shirin Tattaunawa

Duk mai bin motar haya daga Suleja zuwa Abuja da sassafe ya san shirin hirar siyasa, ko yana so ko ba ya so. Direba ya kunna rediyo tun daga Madalla, har a kai Zuba ba a gama jero muƙaman baƙo ba. Mai gabatarwa ya yi tambaya yana lallaɓawa, baƙo ya amsa wata daban da ba a yi masa ba, a ce masa "madalla, ranka ya daɗe". A talabijin ma haka abin yake, sai dai an ƙara kujeru masu taushi, da furen roba, da kofin ruwan da ba mai kurɓa.

Akwai wani reshen wasan barkwanci da aka gina don tsokanar wannan tsari kansa. Yana ɗaukar kujerar, da kiɗan buɗe shiri, da murmushin mai gabatarwa, ya kwaikwaye su daidai wa daida, ya ɗan ƙara gishiri, har mai kallo ya gane yawan wasan kwaikwayon da ke cikin shirin da ake ce masa na gaske.

A Amurka, inda shirin hirar dare ya yi ƙarfi tun shekarun 1950, an fara ganin irin wannan sosai a 1977 da Fernwood 2 Night, wanda Norman Lear ya shirya. An ƙirƙiri wani ƙaramin gari a jihar Ohio, aka ba shi gidan talabijin maras kuɗi, da mai gabatarwa mai ji da kai, da mataimaki wanda ba ya buɗe baki sai ya yi katoɓara. Daga 1992 zuwa 1998 Garry Shandling ya kai abin wani mataki a The Larry Sanders Show na tashar HBO. Dabararsa ita ce nuna gaban labule da bayansa. A gaban kyamara mai gabatarwa na rungumar baƙo yana yabonsa. Da an tafi talla sai fuska ta sauya, a koma gulma da hassada da fargabar kora. Shahararrun 'yan wasa na gaske ne ke zuwa a matsayin kansu, su yarda a nuna su da son kai.

Na Ingila sun fi rashin tausayi. A 1994 BBC ta nuna Knowing Me, Knowing You, inda Steve Coogan ya fito a matsayin Alan Partridge, mai gabatarwan da bai san komai game da baƙinsa ba, kuma bai damu ya sani ba, don shi a ganinsa shi ne labarin. Kowace hira da rigima take ƙarewa. A fitowa ta ƙarshe ma, cikin wasan, ya harbe baƙonsa bisa kuskure ana tsakiyar shiri. Sacha Baron Cohen kuwa juya abin ya yi: a Da Ali G Show, da ya fara a 2000, mai tambayar ne na bogi, baƙin kuwa manyan mutane ne na gaske da ba su san wasa ake ba. Ya yi musu tambayar wauta, su kuma don kada a ce sun raina matasa su zauna suna amsawa da gaske.

Wanda ya fi burge ni a cikinsu shi ne Stephen Colbert. Daga 2005 zuwa 2014 ya riƙe The Colbert Report yana kwaikwayon masu sharhin siyasan nan da ba sa tambaya sai hargowa. Ba ya sukar mai mulki. Yabonsa yake yi, yabon da ya wuce kima har ya zama tonon silili. A 2006 ya yi haka a liyafar 'yan jaridar fadar White House, Shugaba George Bush na zaune kusa da shi, zauren ya yi tsit a wurare da yawa. Amma 'yan siyasa ma ba barci suke ba. A 2014 Barack Obama da kansa ya je Between Two Ferns na Zach Galifianakis, ya sha tsokana, ya rama, ya tallata shirinsa na inshorar lafiya ga matasa. Wato wasan da aka ƙirƙira don kunyata mai kujera yana iya komawa dandalin tallarsa.

A Masar ne aka ga iyakar abin. Bassem Youssef likitan tiyatar zuciya ne. A Maris 2011, bayan faɗuwar Hosni Mubarak, ya fara ɗora gajerun bidiyo a YouTube daga wani ɗaki a gidansa, kuma masu shirye-shiryen hira na ƙasar ne abin harinsa na farko: ya sako abin da suka faɗa kafin juyin juya hali, ya sako na bayansa, ya kalli kyamara kawai. Daga nan shirin ya koma talabijin da sunan Al-Barnamaj. Da Shugaba Muhammad Mursi ya sa wata hular digirin girmamawa a Pakistan, Bassem ya fito da ƙatuwar irinta. A Maris 2013 aka ba da sammacin kama shi kan zargin cin mutuncin shugaba da addini, ya je ofishin mai gabatar da ƙara da hular a kansa, aka sake shi a kan beli. Bayan soja sun kawar da Mursi, Bassem ya taɓa masu zuzuta Janar Sisi, tashar CBC ta dakatar da shi. A Yuni 2014 ya rufe shirin, daga baya ya bar ƙasar.

A Nijeriya, Adeola Fayehun ta fara Keeping It Real a SaharaTV a 2011 daga New York, kuma ita ce ta tare Robert Mugabe a Abuja a 2015, lokacin rantsar da Buhari, tana tambayarsa yaushe zai sauka. A 2017 Channels ta fito da The Other News tare da Okey Bakassi. Duka da Turanci.

To mu fa? Kada wani ya ce baƙon abu ne a ƙasar Hausa. A wasan gauta matan fada ne ke shigar sarki da fadawansa, su kwaikwayi tafiyarsu da maganarsu da shari'arsu, sarki na kallo, ya ga abin da ba mai iya faɗa masa baki da baki. 'Yan kama kuwa su ne ainihin gwanayen kwaikwayon tsari: ɗan kama ya naɗa rawani, ya rataya gafaka, ya ɗauki muryar malami mai jan baƙi, amma duk karatun a kan tuwo da miya da nama ne. Dabarar Colbert ke nan, tun kafin a ƙera akwatin talabijin. Da akwatin ya zo, Usman Baba Pategi ya sa barikin soja a faifai cikin Samanja Mazan Fama a Kaduna, a zamanin da sojan ke mulki, Kasimu Yero ya yi Karambana, Rabilu Musa Ibro ya kwaikwayi kusan kowane irin mutum kafin rasuwarsa a 2014.

Kujerar hirar ce dai ba a cika taɓawa ba, alhali kayan aiki a zube suke. Ga sojojin baka, waɗanda yau suke rantsuwa da ubangida a rediyo, gobe su wayi gari a wata jam'iyya da rantsuwar da ba ta sauya ba ko kalma ɗaya. A ganina dalilin ba ƙarancin basira ba ne. Gidajen talabijin da yawa a Arewa na gwamnatocin jihohi ne, masu zaman kansu kuma kuɗin filin da 'yan siyasa ke saya na cikin abin da ke biyan albashi da man janareta. Wane manaja ne zai sa a yi wa mai sayen fili dariya da ƙarfe takwas, alhali shi ne baƙon ƙarfe tara?

Shi ya sa barkwancin siyasa ya koma waya, inda irin su Dan Bello ke tara masu kallo ba tare da neman izinin manaja ba. Can ɗin ma da haɗarinsa. A Nuwamba 2022 wata kotu a Kano ta yanke wa samari biyu bulala ashirin-ashirin, da tara, da sharar harabar kotu na kwana talatin, saboda bidiyon da suka yi a TikTok suna tsokanar gwamnan lokacin, Abdullahi Ganduje.